Muhawara: a biya ɗan gudun hijira kafin a sa shi gaban kyamara, ko kada a biya?

Sadiq_Rikkos:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Tambaya gare ni ga manyanmu da suka riga mu shiga harkar nan. Ina shirin gajeren dokumentari, wato fim na labarin gaskiya, wanda ba zai wuce minti 25 ba, kan mutanen Gwoza da ke zaune a sansanin Durumi a Abuja tun 2014. Da kuɗin aljihuna zan yi, sai ɗan abin da yayana ya tallafa min da shi, babu wata ƙungiya a bayana. Wani abokin aiki ya ce kada ma in kama hanyar Abuja sai na ware abin da zan riƙa ba duk wanda na yi hira da shi, wai yanzu ba mai zauna maka gaban kyamara a banza. A makaranta kuma an koya mana ba a sayen hira, da zarar kuɗi ya shiga labari ya gurɓace. To wanne zan kama?

Hauwa_Jarida:
Wa alaikumus salam. Ka kama abin da aka koya maka. Ranar da ka ba mutum na farko dubu biyu, kafin la'asar duk sansanin ya ji, gobe kuma za ka tarar da layi, kowa da labarin da ya fi na jiya ban tausayi. Ba wai maƙaryata ba ne, yunwa ce. Kuma ka ɓata wa duk wanda zai zo bayanka hanya.

Bala_Sauti:
Sadiq, kafin ka shiga damuwar biyan 'yan gudun hijira, ka fara tabbatar da ka biya mai sauti. Ina nan Bauchi Road a Jos, lambata ba ta canza ba.

Malam_Ɗanjuma_Edita:
Bala ba ka da dama. Sadiq, ni ina tsakiya ne, amma na fi karkata ga biya. Ka bambance abu biyu: sayen magana daban, biyan yinin da ka cinye wa mutum daban. Mutanen Durumi ba zaune suke suna jiran abinci daga gwamnati ba. Wurin ma ba gwamnati ce ta gina shi ba, su ne suka iso suka kakkafa bukkoki da buhu da leda da tsohon kwano. Maza tun asuba suke fita, wasu leburanci a wuraren gini, wasu acaba a unguwannin gefe, wasu har Nasarawa suke zuwa noma. Mata na wankau, suna suyar ƙosai, suna ɗinkin hula. In ka zaunar da magidanci tun hantsi har azahar kana gyara haske, kana cewa a sake, a sake, ranar nan gidansa ba a ɗora tukunya ba. Sai ka ce masa na gode, ka naɗe wayoyinka ka tafi? Wannan ba ƙa'idar aiki ba ce, rashin tausayi ne.

Hauwa_Jarida:
Malam, da girmanka, shi wanda aka ba kuɗin ba zai tsaya bambance na yini ne ko na magana ba. Abin da ya sani shi ne ya yi magana an ba shi kuɗi.

Ummu_Khalil:
Ni ba 'yar fim ba ce, mijina ne ke harkar, amma abin nan ya ba ni mamaki. Yaushe aka fara zuwa gidan mutum hannu rabbana? Ko gaisuwar mara lafiya za ka je, ai ka riƙe lemo ko sabulu. Don ka rataya kyamara sai al'ada ta faɗi?

Hauwa_Jarida:
Anti, sabulu da omo ban hana ba. Ambulan nake magana.

'Yar_Gwoza:
Na daɗe a zauren nan ina karatu ban taɓa rubutu ba, amma yau sai na yi. Ni daga can nake. Mun fito bayan da Boko Haram ta kama Gwoza a watan Agusta na 2014, muka bi ta dutse, muka shiga Kamaru, daga baya muka dawo ta Mubi har Allah ya kawo mu Abuja. Na zauna a sansani kafin in samu aiki in kama ɗaki, mahaifiyata har yanzu tana can.

Kuna ta magana kan kuɗi, amma wallahi ba shi ne ya fi ci mana rai ba. Akwai wasu da suka taɓa zuwa, aka aiko tun da dare cewa baƙi za su zo su yi hira da mama. Ta tashi ta share ƙofar ɗaki, ta yi wanka, ta ɗauko atamfarta guda ɗaya ta zuwa biki ta ɗaura, har da kwalli. Da suka iso, mai kyamarar ya dube ta ya yi wa tafinta raɗa, tafinta ya ce wai ta taimaka ta koma ta sa kayan da take sawa kullum. Ta shiga ta sako tsohon zanin da take suya da shi. Suka ɗauke ta daga ƙofar da ta share suka kai ta bakin kwata, wai hasken can ya fi kyau. Ranar sun ba ta kuɗi kuwa. Har yau in ta tuna sai ta ce, "Sun biya ni na zama abin tausayi."

Sannan tambayar kowa ɗaya ce: ki ba mu labarin ranar da kuka gudu. Wa aka kashe, a gabanki ne, yaya kika ji. In suka tafi mama sai ta yi kwanaki ba ta barci. Ba wanda ya taɓa tambayarta yadda ta aurar da 'ya'ya biyu a cikin sansanin nan, ko yadda matan suke adashi. Kuma ko ɗaya daga cikin finafinan ba mu taɓa gani ba.

Malam_Ɗanjuma_Edita:
Allah ya saka da alheri ƙanwata, Allah ya ƙara wa mama lafiya. Sadiq, ka karanta wannan sau biyu.

Sadiq_Rikkos:
Na karanta Malam, jikina ya yi sanyi. Yaya 'Yar_Gwoza, in na zo da wace tambaya kike ganin ya kamata in fara?

'Yar_Gwoza:
Kada ka fara da tambaya. Ka zo ba kyamara, ka gaida shugaban sansani da shugabar mata, ka sayi ƙosai ka zauna. Akwai yaran da aka haifa a nan, yanzu sun haura shekara goma, ba su taɓa ganin dutsen Gwoza ba. Hausa da Turancin buroka suke yi, yarenmu sai dai su ji su amsa da Hausa. Kakanninsu na cewa gida, su kuma gida a wurinsu Area 1 ne, unguwar da sansanin yake. In fim kake nema ga shi nan.

Bala_Sauti:
Tunda an zo maganar gaskiya bari in ajiye wasa. Sadiq, ɗakunan nan kwano ne da leda. Da rana ba za ka iya minti ashirin a ciki ba saboda zafi, in kuma damina ce, yayyafi kaɗan a kan kwanon ya cinye maka muryar gaba ɗaya. Ga janareta na masu cajin waya, ga injin markaɗe, ga yara da za su yanyame ka da zarar sun ga ƙafar kyamara. Ka nemi saurayi ɗaya a cikinsu wanda yaran ke jin maganarsa, ka ɗauke shi aiki. Shi wannan ko Hauwa ba za ta hana a biya shi ba. In mace ce mai hijabi kada ka ce za ka maƙala mata ƙaramin makirfo da hannunka, ka tafi da mace a tawagarka, kuma a maƙala shi ta waje don in yana ƙarƙashin yadi duk motsin da ta yi ƙara ce. Hoto mara kyau mutane na haƙuri da shi, sauti mara kyau kashewa suke yi.

Hauwa_Jarida:
Biyan saurayin nan ban hana ba, aiki ya yi.

Alhaji_Sani_Furodusa:
To nan ne nake son a tsaya. Direba an biya shi. Mai kyamara an biya shi. Bala an biya shi, ko da kuka. Tafinta an biya shi, yaron da ke korar yara an biya shi. Mutum ɗaya tak ne ba a biya ba, wanda ba don shi ba babu fim ɗin. Kuma shi ne ya fi kowa talauci a wurin. In fim ya je bikin finafinai a Turai darakta ya hau jirgi, ya kwana a otal, a tafa masa. Ita mai labarin tana nan tana tare yoyo da roba. Ku gaya min inda adalci yake a nan, Hajiya Hauwa.

Hauwa_Jarida:
Alhaji, ita ba 'yar wasa ba ce, shaida ce. Mai kallo na yarda da dokumentari ne don ya san ba haya aka ɗauko mutanen ba. Ranar da aka ji cewa an biya, duk mai son ƙaryata abin da ya faru a Gwoza ya samu makami. Zai ce ai saye aka yi. In kana son adalci, ka rubuta mata kaso a cikin abin da fim ɗin zai samu daga baya.

Alhaji_Sani_Furodusa:
Kaso a cikin me? Wane dokumentari ne a Arewa ya taɓa mayar da kuɗin mai, balle riba? Kin ba ta kaso a cikin iska ke nan.

Dung_Gyel:
Sannunku da muhawara. Ni tambayata dabam ne. Sadiq, kai ɗan Jos ne, me ya kai ka Abuja neman 'yan gudun hijira? Daga Mangu a 2023 mutane nawa suka bar gidajensu? Bokkos da Barikin Ladi fa, a daren jajibirin Kirsimeti na 2023 ɗin? Akwai waɗanda suka kwana a azuzuwan firamare da majami'u, akwai Fulani ma da aka ƙona musu ruga suka watse. Kuma cikin garin nan kansa, bayan 2001 da 2008 da 2010, Kiristoci sun bar Anguwan Rogo, Musulmi sun bar Anguwan Rukuba. Wasu musayar gida suka yi, kai ka koma nawa ni na koma naka. Babana yana da aboki da suka yi haka, har yau in sun haɗu a kasuwar Terminus sai ɗaya ya tambayi ɗaya ko bishiyar mangwaron tana nan. Ba su kwana a tanti ba, amma an raba su da inda aka haife su. Wa ya yi fim a kan wannan?

Sadiq_Rikkos:
Gaskiya ka faɗa Oga Dung. Amsar ita ce tsoro. Na Gwoza in na yi ba wanda zai ce na ɗauki ɓangare. Na Jos kuwa sunana kaɗai ya isa a yanke min hukunci kafin a kalla.

Dung_Gyel:
Shi ya sa sai mu yi shi tare, sunana da naka a kai.

Abu_Gangare:
Dung, ka ambaci Bokkos da Mangu, me ya sa ba ka ambaci Kuru Karama ba? Ko su ba mutane ba ne?

Nanret_P:
To kai ma me ya sa ba ka ce Dogo Nahawa ba? Duk shekara ɗaya ne ai.

Admin_Zaure:
Abu, Nanret, ya isa haka don Allah. Duk wuraren biyu an zubar da jinin bayin Allah a 2010, ba wanda ya musa. Zauren fim ne wannan. Wanda ya ƙara jan zancen ta wannan hanya zan goge.

Malam_Ɗanjuma_Edita:
Kun ga abin da Sadiq ke tsoro, a cikin minti biyar ya bayyana. Amma ni ina ganin fim ɗin musayar gidan nan ya fi kowanne cancanta a yi shi, kuma a garin da Hukumar Finafinai ta Najeriya ke da hedikwata, ga makarantar koyon fim, ga kwalejin talabijin ta NTA a Rayfield, abin kunya ne a ce ba mu da masu yi. Ku buɗe masa zance na daban.

Zainab_Lens:
Bari in dawo da mu Durumi. Akwai abin da ya fi kuɗi haɗari kuma ba wanda ya taɓo shi sosai: fuska. Mutanen nan suna da 'yan'uwa a Pulka da Ngoshe da cikin Gwoza, wasu na zuwa su dawo. Sojoji sun ƙwato garin tun Maris 2015, amma ko a watan Yunin 2024 an kai harin ƙunar baƙin wake a can, har da wurin biki. Abin da mutum ya faɗa maka a Abuja, in ka sa a YouTube, cikin kwana ɗaya yana wayar wani a bayan dutse. Matar da aka taɓa sacewa ta kuɓuto, wataƙila ko maƙwabtanta a sansanin ba su san abin da ya same ta ba, kai kuma ka watsa wa duniya.

Kuma dusashe fuska kaɗai ba ya isa. A ƙauye ana gane mutum da muryarsa, da zanen atamfa, da tsagar fuska, da yadda yake riƙe hannu. In za ka ɓoye mutum ka ɓoye shi gaba ɗaya: ka zaunar da ita ta ba taga baya ta zama inuwa, ka ba ta mayafin da ba nata ba, ka canza wurin, muryar kuma wata ta karanta. Akwai fim ɗin Denmak na 2021 mai suna Flee, kan wani ɗan Afganistan da ya yi gudun hijira yana yaro. Da zanen katun aka yi shi kusan duka, aka kuma canza masa suna don a kare shi, muryarsa kawai aka bari, kuma ya shiga takarar Oscar a rukuni uku. Ɓoye fuska bai rage masa ƙarfi ba.

Kabiru_Katun:
Anti Zainab kin san nawa ake zana minti ɗaya kuwa? Sadiq da kuɗin yayansa zai yi fa.

Zainab_Lens:
Ban ce ya yi katun ba Kabiru, misali na kawo. Taga kyauta ce.

Barista_M:
Ƙari kan maganar Zainab. Takardar amincewa da ake rubutawa da Turanci a ba tsohuwa ta dangwala yatsa ba amincewa ba ce. Ka kunna kyamara, ka yi mata bayani da harshen da take ji: wane ne kai, ina fim ɗin zai je, cewa zai iya shiga intanet kuma in ya shiga ba ya fitowa, cewa tana da ikon ta ce a tsaya ko a cire wani abu. Ta amsa da bakinta, ka ajiye wannan. Yara kuma sai da izinin iyaye. In kana tunanin tashin duron, wato ƙaramin jirgi mara matuƙi, don ɗaukar sansanin ta sama, ka sani sai da izinin hukumar kula da sufurin jiragen sama da kuma tantancewar ofishin mai ba shugaban ƙasa shawara kan tsaro, kuma Abuja ba wurin gwaji ba ne. Ka tuna a watan Agustan 2022 hukumar NBC mai kula da gidajen rediyo da talabijin ta ci tarar Trust TV naira miliyan 5 kan dokumentarin da suka yi game da 'yan bindiga, ta kuma ci masu tauraron ɗan'adam da suka haska na BBC. Naka ba irin wancan ba ne, amma duk abin da ya taɓa tsaro a yi shi da ido biyu.

'Yar_Gwoza:
Barista ya ce harshen da take ji. Ku lura da wannan. Mu a Gwoza yaruka ne da yawa, akwai Glavda, akwai Guduf, akwai Mandara, akwai Lamang da sauransu. Mama na jin Hausa, amma Hausar kasuwa ce. In ta yi maka magana da Hausa za ka ji kamar labarin gajere ne. In ta juya yarenmu sai ka ga wata mata daban, har ba'a take yi. Kuma in tafintan namiji ne ɗan sansanin, wanda gobe za su haɗu a bakin famfo, akwai abin da har abada ba za ta faɗa a gabansa ba.

Malam_Ɗanjuma_Edita:
Wannan ya shafi teburina. Sadiq, in ka ɗauko hira da Glavda, kada ka dogara da abin da tafinta ya taƙaita maka a wurin. Tsohuwa za ta yi magana minti uku, tafinta ya ce "ta ce sun sha wahala". Ka samo wani daban ya zauna da kai ya fassara jimla bayan jimla kafin mu yanka komai, in ba haka ba sai mu yanke ta a tsakiyar magana ba mu sani ba. Rubutun ƙasan allo kuma ka yi na Hausa tukuna, na Turanci ya biyo baya.

Ɗan_Damagaram:
Gaisuwa daga maƙwabta, ko da yake yanzu a unguwar Masallacin Juma'a ta Jos nake zaune. Ku 'yan Najeriya in an ce hijira sai Borno. Mutanen Sabon Birni da Isa da ƙauyukan Zamfara da Katsina dubbai ne suka tsallaka jihar Maraɗi tun 2019 saboda 'yan bindiga, Hausawa ne sun sauka a garuruwan Hausawa, da yawa ma a gidajen mutane aka karɓe su. Ga na Diffa, ga na Minawao a Kamaru. Sannan ga masu bin hamada. A watan Oktoba na 2013 an tsinci gawa 92 a arewacin Arlit ta Nijar kusa da iyakar Aljeriya, motocinsu suka lalace ƙishirwa ta kashe su. Akasarinsu mata ne da yara daga yankin Kantche, da Hausa suka yi ta kiran ruwa. Turawa sun yi ta yin finafinai kan Agadas da jiragen ruwan Bahar Rum, don abin da ya dame su shi ne masu isa Turai. Waɗanda ba Turai za su ba, Aljeriya za su neman abin kai wa baki, ba su cika shiga kyamarar kowa ba.

Alhaji_Sani_Furodusa:
Ai dalilin a fili yake. Mai ba da kuɗi shi ke zaɓen labari, kuma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Shi ya sa nake ganin Sadiq da ɗan kuɗin yayansa ya fi mu 'yanci.

Fati_Kwana:
Ni dai a ganina da a mayar da labarin wasan kwaikwayo mai dogon zango kawai. Mutanenmu ba sa kallon dokumentari. Ka sa jarumai, ka canza sunaye, ba wanda ka tona wa asiri, ba maganar biyan mai labari, kuma miliyoyi za su kalla.

Zainab_Lens:
Fati, su wa suka ce ba sa kallo? Duk sanda BBC Hausa suka saki bincike na bidiyo dubi yadda ake tura shi a WhatsApp. Abin da ba sa kallo shi ne mutum zaune kan kujera yana magana minti arba'in ba motsi.

Baba_Audu_Majigi:
Yara, ku bar tsoho ya sa baki. Muna yara motar gwamnati ke zuwa gari da magariba, a kafa farin ƙyalle a fili, a tayar da inji, a haska mana yadda ake noman auduga da rigakafi da tsaftar rijiya. Duk garin ke fitowa, mata a gefe, mu yara a gaba cikin ƙura. Wannan ai shi ne dokumentarin, kuma har ƙofar gida ake kawo mana shi. Ku yanzu kuna da abin haskawa da ke shiga jaka amma sai ku kai fim Abuja bikin finafinai na Zuma ko ƙasar waje, waɗanda aka ɗauka ba su gani ba. Yarinyar nan ta Gwoza ta faɗa muku ba su taɓa ganin ko ɗaya ba, na ga ba wanda ya amsa mata. Sadiq, in ka gama, ka ɗauki farin zanin gado da janareta ka koma Durumi, su fara gani kafin kowa.

Malam_Ɗanjuma_Edita:
Allah ya ja kwana Baba. Sai dai in ƙara: a nuna wa waɗanda ke ciki su kaɗai tukuna, a ɗaki, kafin a kulle aikin. In aka fara da fili, matar da ta faɗi sirrinta za ta gan shi a bango ne tare da duk maƙwabta.

Hauwa_Jarida:
A nan kuma zan sake zama mai ɓata biki. In ka nuna musu kafin ka kulle, shugaban sansani zai ce a cire inda aka yi ƙorafin rabon kaya, wani zai ce a cire inda ya ce ba zai koma gida ba. Tun da gwamnatin Borno ta fara rufe sansanonin Maiduguri a ƙarshen 2021, har da sansanin Bakassi, maganar komawa ta zama mai nauyi, kowa na auna bakinsa. A ƙarshe sai ka tashi da fim ɗin da ba ya cewa komai.

Zainab_Lens:
Ba shugaba za a nuna wa ba Hauwa, mai maganar za a nuna wa nata. Ta ce wannan zai jawo min matsala, a cire. Ta ce ban yi kyau a nan ba, a yi dariya a wuce.

'Yar_Gwoza:
Na tambayi mama a waya yanzu, na ce ga wani yaro daga Jos yana tambaya ko a biya ko kada a biya. Ta ce in ya ba ta za ta karɓa, ba ta da hujjar ƙi. Amma kada ya ce mata fim ɗin zai sa a kawo musu taimako, don duk wanda ya zo haka yake faɗa. Ta ce kuma ya bar ta ta sa kayan da take so.

Sadiq_Rikkos:
Na gode ƙwarai, ki gaishe min da mama. Ga inda na tsaya yanzu, ku gyara min. Zan fara zuwa ba kyamara. Iyali ɗaya ko biyu zan bi maimakon hira da mutum ashirin, kuma ta wajen yaran da aka haifa a can zan shiga. Zan tafi da mace. Abincin tawaga a wurin matan sansanin za mu riƙa saye. Wanda na hana shi fita nema zan biya shi yininsa, in gaya masa tun farko cewa na yinin ne, ko ya yi magana ko bai yi ba. Oga Dung, maganarmu tana nan, zan kira ka. Abin da har yanzu ba wanda ya faɗa min shi ne, nawa ne kuɗin yinin?

Malam_Ɗanjuma_Edita:
Ranar da ka isa ka tambayi abin da lebura ke samu a wurin gini a Abuja a wannan makon. Kada ka ɗora, kada ka rage.

Alhaji_Sani_Furodusa:
Lebura? Mai labarin da shi za a kwatanta ta? Ni na ce a ba ta daidai da mai kyamara.

Hauwa_Jarida:
Kun gani ko, tun ba a bar Jos ba har an fara ciniki.